Zango Biyun da Suka Raba Mu

Zuwa ga sanyin idona, inuwar da nake fakewa idan rana ta take, ruwan farko da ke sauka a kan ƙasar da ta gaji da jira. Zuwa ga Dogona, mai igiyar awo, wanda tafiyarsa ta kwashe ɗanɗanon komai daga bakina. Gaisuwa gare ka mai yawan raƙuman teku, da kewa mai nauyin da babu jirgin da zai ɗauka bai nutse ba.

Ya rabin raina, kana raye? Da wannan tambaya nake farkawa, da ita nake wuni, ita nake taunawa a maimakon abinci shekara huɗu ke nan. Idan takardar nan ta iso hannunka, ka nemi wuri ka zauna kafin ka ci gaba, domin ba zaƙi kaɗai na zuba a cikinta ba. Akwai maganar da na fi so ka ji daga gare ni kafin matuƙin da ya kawo ta ya buɗe baki.

Amma bari in fara da mai daɗin, ko zuciyata ta samu abin dafawa. Ka tuna ranar da muka fara haɗuwa a ɗakin zane na Ƙungiyar Masu Taswira? Ina sabuwar zuwa, Kawuna da ya raine ni, shugaban ƙungiyar, ya zaunar da ni a teburin bakin taga. Ɗakin cike da warin tawada da na sabuwar fata, tebura goma sha biyu, kowanne da fatarsa a shimfiɗe an danne kusurwoyinta da duwatsu, ga Babbar Taswira ta rufe bangon gabas tun daga ƙasa har rufi, sai da tsani ake kaiwa samanta. Sai ga ka ka shigo, ka buga goshinka a saman ƙofa har ƙura ta zubo. Kawu ko ɗagowa bai yi ba, ya ce, “Dogo ya dawo. Wata rana ƙofar nan za ta kai ƙararka.” Kowa ya yi dariya ban da ni, don raina a ɓace yake: tsibirin da aka ba ni in zana yana wuri ɗaya a tsohuwar taswira, yana wani wurin a sabuwa, na rasa wadda ta yi ƙarya. Ka leƙo ta kafaɗata ka ce, “Ba wadda ta yi ƙarya, ’Yar Tawada. Tsibiri kiwo yake fita kamar saniya, ya zaga teku ya dawo. Mu masu awo mu hau bayansa mu ga inda yake bi, ku masu zane ku rubuta, matuƙa su bi abin da kuka rubuta. In hannunki ya karkace, jirgi ya karkace.” Na ce wa ya ce maka sunana ’Yar Tawada? Ka nuna hancina. Wayyo kunya! Tun daga ranar sunan ya bi ni, kai ma ka bi ni, ni kuwa ban taɓa gudu da gaske ba.

Shekara bakwai ina kwafe rubutunka, rubutun da na sha gaya maka kamar kaza ce ta taka tawada ta bi ta kan takarda. Babu mai iya karanta shi sai ni. Yaya Mai Shuɗi, wadda ke shafa wa teku launi har tafukanta suka rine, takan ce, “Ku yi aure mu huta. In ba haka ba, ranar da yarinyar nan ta yi fushi da kai, rabin duniya ya ɓace mana.” Muna dariya a lokacin. Ashe bakinta ya fi namu gani.

To ga ranar da nake so mu koma tare, ranar tafiyarka. Ka gano sabon tsibirin nan naka mai jajayen duwatsu da tsuntsaye masu kuka kamar jarirai, ka bi rabin hanyarsa, ka dawo da takardar awonka, ka ce za ka koma da mutum huɗu ku shekara a kansa ku ƙarasa sauran rabin. Zuwa ba matsala, kai za ka tsaya kusa da matuƙi ka nuna hanya. Ɗaukowa ce ke bukatar taswira. Don haka ka rubuta inda tsibirin zai kasance baɗi war haka, zango nawa ne kudu da hasumiyar fitila, aka ba ni in kwafe a fata. Da hantsi ka shigo yi mini sallama, jakarka a kafaɗa, igiyarka a naɗe a ƙugu. Ka sunkuyo ka ce, “In na dawo na daina buga kaina a ƙofar nan ina nemanki. A gida zan riƙa samunki.” Na yi dariya, dariyar ta zo da hawaye, ɗigo ɗaya ya faɗa kan lambar da na rubuta yanzun nan, tawadar ta baje. Na rufe wurin da hannu don kada ka gani ka zolaye ni. Da ka fita na tsane shi, na kankare, na sake rubutawa da ka.

Da ka, masoyina! Takardarka tana nan ƙarƙashin gwiwar hannuna. Ɗagawa kawai zan yi in duba. Ban duba ba. Idona yana taga, yana bin ƙeyarka har ka sha kwanar layin maƙera, zuciyata kuma tana ce mini ai ke ba kya mantuwa. Kawu ya zo ya buga hatimi bai gwada da taka ba, don a shekara bakwai bai taɓa kama ni da kuskure ba. Aka kai takardarka ɗakin ajiya aka kulle, kamar yadda ake yi wa kowace.

Shekara ta zagayo, jirgin farko ya tafi ɗauko ku. Na sa a ɗinka mini sabuwar riga. Inna, mahaifiyarka, ta sa aka shafe ɗakinka da farar ƙasa. Jirgi ya dawo babu ku. Matuƙi ya ce ruwa kawai suka tarar, ruwa ta ko’ina, ko tsuntsu babu. Aka ce wataƙila tsibirin ya yi nawa a hanya. Aka ɗora lissafin shekara ta biyu a kan lambata, jirgi na biyu ya tafi, ya daɗe yana zagaye fiye da yadda ya kamata, har guguwa ta riske su ta ɗauke mutum biyu. Ɗayansu ƙanen matuƙin ne, uwa ɗaya uba ɗaya. Na uku ma ya je ya dawo wayam. Sai ƙananan maganganu suka fara yawo a tsakanin tebura, wai Dogo ne ya yi gaggawa, wai lissafinsa ne bai nuna ba. Ka san abin da na yi? Faɗa na yi a kanka. Na tsaya a tsakiyar ɗakin zane ina rantsuwa cewa hannunka bai taɓa kuskure ba, duk wanda ya sake faɗa in watsa masa tawada a fuska. Gaskiya na faɗa, ya hasken idona, sai dai ban san a wuyan wa take shirin faɗawa ba.

Ka san dokarmu. Ƙasar da jirgi uku suka nema suka rasa, a kankare ta daga Babbar Taswira, a ƙone takardar awonta, ba a sake tura kowa. Kuma hannun da ya zana shi zai kankare. Ranar da abin ya zo, Kawu ya ajiye mini ’yar wuƙa da takardarka a naɗe, bai iya haɗa ido da ni ba. Yaya Mai Shuɗi ta riƙe mini tsani tana kuka a hankali. Na hau. Tsibirinka bai fi tafin hannuna ba a jikin fata. Na fara da bakin ruwan arewa, inda ka ce akwai maɓuɓɓuga mai sanyi, na bi ta kan duwatsun, garin fatar yana zubo mini a riga, ina ji kamar naman jikina nake fiɗa. Wace mace aka taɓa sa ta share masoyinta daga duniya da hannunta, a gaban jama’a, rana tsaka?

Da na sauko na nufi murhun bayan ɗaki da takardar. Na ce bari in buɗe in ga tafiyar kazar nan sau ɗaya kafin wuta ta ci. Na buɗe. Idona ya sauka kan layin ƙarshe. Zango goma sha tara. Na goge ido na sake dubawa. Goma sha tara, ɓaro-ɓaro, har ka ja layi a ƙarƙashi. Ni kuwa goma sha bakwai na rubuta.

Zango biyu, Dogona. Tafiyar kwana biyu. Jirgi uku suka zo suka tsaya nisan kwana biyu kacal daga inda kake, suka duba gabas suka duba yamma, suka juyo. Ƙila a daidai lokacin kana kan dutse mafi tsawo ka hura wuta, ka kare ido da hannu kana duban teku. Ƙila kana gaya wa mutanenka su ƙara haƙuri, ’Yar Tawada ba ta kuskure.

Da a ce nan take na yi ihu na tara mutane, da yau ina da ɗan abin da zan riƙe in ce ni ma mutum ce. Ban yi ba. Na cusa takardarka a cikin rigata, na jefa wata farar takarda a wuta, na dawo na ce an gama. Kwana tara na yi da ita a ƙirjina. Kwana tara ina zuwa aiki, ina feƙe alƙalami, ina amsa gaisuwar masu yi mini jaje. Tsoro nake ji. Ina tsoron idon matuƙi, ina tsoron matan mutum huɗun da ke tare da kai, ina tsoron abin da zai sami Kawu tunda hatiminsa ne a kai. Har na ce wa kaina ai shekara uku ta wuce, mai mutuwa ya riga ya mutu, me tonawa za ta gyara? Ka ji irin macen da ka so. Ban ɓoye maka kwanakin nan tara ba, don su ne suka fi kuskuren muni. Kuskuren na hannu ne, su kuwa na zuciya ne.

A rana ta goma Inna ta zo gidanmu da sanda, ga ciwon gwiwar nan nata. Ta zauna, ta kwance ƙullin mayafinta, ta fito da ’yar igiyar awonka ta farko, wadda ka koyi aiki da ita, duk ta sha hannu ta yi baƙi. Ta ɗora mini a cinya ta ce, “’Yata, kin yi jiran da ko ni uwarsa ba zan nemi fiye da shi ba. Na sake ki. Kada ƙuruciyarki ta ƙare a bakin taga. Allah ya yi miki albarka.” Albarka, masoyina! Ni take sa wa albarka, takardarka tana soya mini fata a ƙarƙashin riga. Na zube a gabanta na faɗa mata komai. Sai ta ce, “Ke nan tsibirin yana nan?” Na ce yana nan, Inna. Ta ce, “Ke nan ɗana yana iya kasancewa a kai?” Na ce eh. Ta dafa sandarta ta miƙe, ta ɗauke igiyar daga cinyata, ta ce, “Yau ba zan iya kallonki ba. Je ki gaya musu. Jibi ki zo ki same ni.”

Na je. Aka tara dattawan ƙungiya a babban zaure, masu awo a dama, masu zane a hagu, matuƙa a tsaitsaye a baya. Na shimfiɗa takardarka da fatata gefe da gefe, na sa yatsa a kan lambobin biyu, na faɗi yadda aka yi, har da hawayen, har da kwana taran. Matar ɗaya daga cikin mutanenka, wadda ta riga ta gama zaman makoki, ta kurma ihu aka fita da ita. Kawu ya tsufa a gabana cikin ɗan lokacin nan. Ya miƙo hannu, na ba shi alƙalamina, wanda shi ya feƙe mini ranar da na fara aiki. Ya karya shi biyu kamar yadda doka ta ce. Sannan ya ciro hatimin daga wuyansa ya ajiye kusa da guntayen, ya ce, “Ita ta rubuta, ni na ƙi dubawa. Ku nemi wani shugaban.”

Sai aka shiga gardama. Wasu suka ce doka ta ce jirgi uku, an yi uku, magana ta ƙare. Wasu suka ce ukun ba tsibirin suka nema ba, ruwan banza suka nema. Ana cikin haka matuƙi ya ratso mutane ya zo gaba. Ya daɗe yana kallona, kallon da har in mutu ba zan manta ba. Ya ce, “Ni zan je, ko da izininku ko babu. Ba don ke ba. Ƙanena ya mutu yana neman mutanen nan, ba zan bari a ce ya mutu a banza ba.” Daga nan ba wanda ya sake musu. Aka ba tsofaffin masu zane uku takardarka, kowa a ɗakinsa daban, suka sake lissafin daga tushe, amsarsu ta zo ɗaya. Ni aka kira in karanta musu rubutunka, don har yanzu ba mai iyawa. Shi ne aikina na ƙarshe a gidan.

Saboda haka ka ji wannan da kyau, ko da shi kaɗai za ka ɗauka a cikin takardar nan: lissafinka daidai ne. Na san ka. Na san ka zauna a kan yashi kana zane da tsinke, kana sake ƙirgawa, kana tuhumar kanka cewa kai ka jefa mutum huɗu a halaka. Ba kai ba ne, ya sanyin raina. Ka sauke wannan kayan, nawa ne.

Yanzu a rumfar masu ɗinkin ƙyallen jirgi nake aiki, can ƙarshen tashar jirage, bayan masu tukar igiya. Tawadar yatsuna ta fara fita, sai sukar allura a madadinta. Ƙyallen da zai turo jirgin nan wurinka akwai ɗinkina a jikinsa, kowane layi sau biyu na bi shi. Na roƙi matuƙi ya tafi da ni ko wanke-wanke in riƙa yi musu, ya ce ƙafata ba za ta taka jirginsa ba. Ban ga laifinsa ba. Da na miƙa masa takardar nan ya juya ta a hannu, ya ce, “Wannan kin duba ta sau biyu?” Sannan ya sa ta a aljihu. Inna kuwa na koma jibin kamar yadda ta ce. Ba ta ce ta yafe ba, ban kuma tambaya ba. Ina ɗebo mata ruwa, ina shafa mata magani a gwiwa, mu zauna muna fuskantar ƙofa.

Ya Dogona, ya tauraron da nake saita raina da shi, yaya ka koma? Gemu ya rufe maka fuska? Maɓuɓɓugar ba ta ƙafe ba? Takalman nan da na ce ba za su yi shekara ba, me kake sawa yanzu? Da jirgi bai zo ba shekara ta farko, me ka ce a ranka game da ni? Ka ɗauka na gaji ne, na bi wani? Wallahi ko iska ba ta taɓa samun wurinka a zuciyata ba. Kewarka ta zame mini kamar gishirin teku a jikin katako, ta shiga ko’ina, ba wankin da zai fitar. Idan na ji an buga ƙofa da ƙarfi, ko a gidan wa, sai gabana ya faɗi. Idan na hango dogon mutum a kasuwa sai ƙafata ta bi shi kafin hankalina ya kira ta.

Idan kuwa ba kai ke karanta wannan ba, idan ɗaya ne daga cikin abokan tafiyarka huɗu ya buɗe ta don babu mai buɗewa, to ina roƙonka, bawan Allah, bayan ka gama tsine mini, ka je inda kuka kwantar da shi ka karanta masa da ƙarfi. Ka maimaita masa wurin da na ce lissafinsa daidai ne.

Amma zuciyata ta ƙi yarda da wannan, ni ma na bi ta. Kana raye. Don haka ga roƙona, kuma ba gafara ba ce, ban kai in roƙe ta a takarda ba. Ka hau jirgin kawai. Ka dawo ka tsaya a gabana ka yi fushi. Ka ɗaga murya har masu tukar igiya su bar aikinsu su leƙo. Ka ƙirga mini kwanakin da na cinye maka ɗaya bayan ɗaya, zan tsaya in ji duka ban toshe kunne ba. In ka ga dama ka wuce ni ka auri wata, zan ɗinka mata labulen ɗaki da hannuna. Ni dai in ga ana gaishe ka a hanya kana amsawa, in ga Inna ta ci abinci ta ƙoshi.

Daga gobe kwana arba’in ne zuwa da dawowa, in iska ta yi kirki. Rumfarmu tana kallon bakin tasha. Na roƙi mai rumfar ta bar ni in zauna a bakin ƙofa, ta ce rana za ta ƙona ni, na ce ta ƙona.

Taka jiya, taka yau, taka ko ka karɓa ko ka mayar, har ranar da za a rufe idon da ya kasa barin kallonka,

’Yar Tawadarka.